DARASI DON ƘUNGIYOYI: GASA DANKALIN TURAWA TARE DA KYAFAFFEN NAMA A TANDERU

MANUFAR DARASI

'Yan'uwa manoma, darasinmu na wannan wata ya shafi abubuwa biyu waɗanda ƙungiyoyinmu sukan yi hasara a kansu kowace shekara. Na fari shi ne ƙananan dankalin Turawa, waɗanda 'yan kasuwa sukan tsame su ajiye gefe, su ce ba su da daraja. Na biyu shi ne nama mai kitse, wanda yakan lalace da sauri bayan an yanka dabba, in ba a san yadda za a adana shi ba.

In aka haɗa su biyun a faranti ɗaya aka sa a tanderu, za a sami abincin da zai ƙosar da iyali duka, ba tare da an sayi ko cokali ɗaya na mai ba. Kitsen naman shi ne mai, gishirin da ke jikin naman shi ne gishiri. Nama kaɗan kuma yakan ba dankali mai yawa ɗanɗano. Wannan shi ne abin da muke so kowa ya riƙe.

Muna roƙon shugaban darasi ya karanta wannan takarda da ƙarfi a taro, sa'an nan a sa ranar da za a gwada tare. Gani ya kori ji.

INDA DANKALIN YAKE FITOWA

Ko da yake muna ce masa dankalin Turawa, asalinsa ba na Turai ba ne. Manoman duwatsun Andes, a ƙasashen Feru da Bolibiya na Amurka ta Kudu, su ne suka fara nomansa tun shekaru dubbai da suka wuce. Mutanen Sifen suka kai shi Turai wajen shekarar 1570. Masu haƙar kuza da 'yan mishan kuwa suka yaɗa shi a tudun Jos, gama yana son sanyi. Har yanzu yawancin dankalin da ake ci a Nijeriya daga Jihar Filato yake fitowa, musamman Bokkos, Mangu, Barkin Ladi da Pankshin. A Kuru, kusa da Vom, akwai tashar bincike a kan dankali, reshen cibiyar binciken doya da rogo da dankali ta Umudike.

Motocin da suka ɗauko shi daga Jos ta hanyar Saminaka da Pambegua sukan ɓullo a Mararraban Jos, su shiga Kaduna ta Kawo. Saboda haka kasuwannin arewacin kogi, kamar kasuwar Talata ta Kawo, da Bakin Dogo, da babbar kasuwa ta Sheikh Abubakar Gumi, ba su rasa dankali.

Ga inda wahalar take. Dankalin damina ana tone shi wajen watan Yuli da Agusta, kowa ya kawo nasa a lokaci ɗaya, kuɗinsa ya faɗi. Kaduna kuwa ba ta da sanyin Bokkos. Buhun da ya kwana biyu a rumfa cikin zafi da laima sai ya soma ruɓa daga tsakiya. Ƙungiyar da ta kawo buhu goma takan koma gida da kuɗin buhu ƙasa da haka, ga ƙananan da aka ƙi saye. To, waɗannan ƙanana su ne suka fi dacewa da gashi, domin suna nuna da wuri, ba su kuma bukatar fira.

YADDA ZA A ZAƁI DANKALI

1. A ɗauki mai ƙarfi, wanda bai yi taushi ba, bai kuma yi wari ba.

2. A guji wanda ya yi kore ko ya fid da tsiro mai yawa. In dankali ya sha haske yakan yi kore, ya tara wani dafi mai ɗaci da masana suke kira solanin. Dahuwa ko gashi ba sa kashe wannan dafi. In koren kaɗan ne, a yanke shi da kauri a zubar. In ya mamaye dankalin, ko kuwa an ɗanɗana an ji ɗaci, a zubar da shi duka. Kada a ba yara, kada kuma a ba aladu.

3. Dankalin ci a ajiye shi a wuri mai duhu, mai sanyi, inda iska take shiga, a shimfiɗe a kan katako ko cikin kwando, ba cikin buhun leda ba. Kada a wanke shi sai ranar da za a dafa. Dankalin iri ne kaɗai ake ajiyewa a inda haske kaɗan yake shiga, domin tsironsa ya yi gajere da ƙarfi. Kada a haɗa ɗakin iri da ɗakin na ci.

4. Irin da ake kira Nicola ba ya saurin farfashewa, saboda haka yana da kyau ga wannan aiki. Amma kowane iri zai yi.

In ba a sami na Turawa ba, dankalin Hausa ma yana yi, sai dai yana da zaƙi, yakan ƙone da wuri. A rage masa wuta.

NAMAN DA AKE BUKATA

Turawa suna da wani nama da suke kira bekon. Ba wani abin mamaki ba ne. Naman gefen cikin alade ne, inda tsoka da kitse suke jere bisa juna, aka shafe shi da gishiri aka kyafe da hayaƙi. Sun koyi yin haka tun kafin a ƙirƙiro firji, domin naman da aka yanka da shigowar sanyi ya kai su har bazara. Mu ma muna da irin wannan dabara, watau banda. Bambancin shi ne, su suna da sanyin ƙasa wanda yake tsare naman kwana da kwanaki yana shan gishiri. Mu ba mu da shi. Ko a tsakiyar hunturu, sanyin Kaduna bai kai ya tsare ɗanyen nama mai kauri ba. Wanda ya bi hanyar Turawa ba tare da firji ba, zai tarar naman ya ruɓe daga ciki, ko da bayansa yana da kyan gani.

Saboda haka ga hanyoyi biyu.

Hanya ta fari, ga wanda ba shi da firji. A yanka dabbar da sassafe. A yanyanka naman gefen ciki dogo-dogo, kaurinsa kada ya wuce yatsa biyu. Ga kowane kilo 1 na nama, a auna gishiri giram 30, watau ƙaramin cokalin shayi 5 a shafe. A daka citta, masoro, tafarnuwa da ɗan kanumfari a haɗa. A murza a jikin naman ta ko'ina, a rufe da ƙyalle mai tsabta don ƙuda, a ajiye a inuwa kamar awa 2. Sa'an nan a jera a kan waya a bisa garwashi marar harshen wuta, a riƙa juyawa awa 4 zuwa 6, har ya yi ja, ya nuna har ciki. A sa faranti a gefe don tare kitsen da yake ɗiga, gama za a bukace shi. Irin wannan nama a ci shi cikin kwana 3 ko 4, a kuma riƙa ɗora shi a wuta kowace rana yadda ake yi wa banda.

Hanya ta biyu, ga wanda yake da firjin da ba ya ɗauke sanyi. A shafe naman da wannan ma'auni na gishiri, a sa cikin roba mai murfi, a ajiye a firji kwana 5 zuwa 7, ana juyawa kullum. A fitar, a ɗauraye, a tsane, sa'an nan a kyafe. In wutar lantarki ta ɗauke ta daɗe har firjin ya huce, kada a jira kwanakin su cika. A kyafe naman ran nan.

Itacen mangwaro, na gwaba, da totuwar masara suna ba da hayaƙi mai daɗi. Kada a kuskura a sa itacen da aka yi wa fenti, ko taya, ko leda.

Akwai wani gishiri na musamman da masana'antu suke sa wa bekon don ya yi ja ya daɗe. Ana auna shi da ma'auni mai kyau ƙwarai, domin in ya yi yawa dafi ne. Ba mu shawarci kowa ya neme shi ba. Kanwa ba ita ba ce, takin zamani ma ba shi ba ne. Gishirin miya ya isa.

A DUBA NAMAN KAFIN A SAYA

Kudancin Jihar Kaduna wurin kiwon aladu ne, kasuwar Katsit kusa da Kafanchan, wadda take ci ran Alhamis, tana cikin manyan kasuwannin aladu na ƙasar nan. Amma ba kowane aladen da ya yi ƙiba ne lafiyayye ba.

Aladen da yake yawo a gari yakan ci bayan gidan mutane, ya ɗauki ƙwan tsila. Ƙwan yakan zama ƙwayoyi farare kamar ƙwayar shinkafa a cikin tsokarsa, musamman a harshe, da muƙamuƙi, da kafaɗa, da zuciya. Wanda ya ci irin wannan nama bai nuna sosai ba, tsila za ta girma a hanjinsa. Abin da ya fi wannan muni shi ne, ƙwan da yake fita daga cikin mutumin yakan shiga abinci ko ruwa, wani ya haɗiye, ya je ya zauna a ƙwaƙwalwarsa ya kawo farfaɗiya. Wannan yana iya samun ko wanda bai taɓa cin alade ba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce a wuraren da wannan tsila ta yi yawa, ita ce sanadin kusan kashi 30 cikin 100 na masu farfaɗiya.

To, rigakafi ya fi magani.

1. A kulle aladu a ɗakinsu, kowane gida kuma ya haƙa masai.

2. Malamin dabbobi ya duba naman bayan yanka. In an ga ƙwayoyin nan, a binne naman ko a ƙone shi. Kada a ce za a kyafe a sayar.

3. Gishiri da hayaƙi kaɗai ba su isa su kashe tsila ba. Zafi ne yake kashe ta. Tsakiyar naman ya kai digiri 70, watau in an yanka ba a ga ja ba, ruwan da ya fito kuma fari ne tas.

4. Kada a ci ko a sayar da aladen da ya mutu da kansa. Zazzaɓin aladu, wanda ya ɓarke a Nijeriya a 1997, ba ya kama mutum, amma ƙwayar cutar takan daɗe a cikin nama mai gishiri da kyafaffe. In ragowar irin wannan nama ta kai bakin aladun wani, garkensa duka yana iya ƙarewa.

MU DA MAƘWABTANMU

Wannan magana tana da muhimmanci ga duk wanda yake zaune ko yake ciniki a arewacin kogin Kaduna. Tun bayan rikicin 2000 da na 2002, mutane da yawa sun sake unguwa. Yawancin mazaunan Kawo, Unguwar Dosa, Unguwar Sarki, Badarawa da Tudun Wada Musulmi ne, naman alade kuwa haram ne a gare su. Masu sayar da shi sun fi yawa a ƙetaren gada, wajen Television da Sabon Tasha. A cikin masu bi ma akwai waɗanda ba sa ci. Manzo Bulus, a cikin Romawa sura 14, ya gargaɗe mu kada abin da muke ci ya zama sanadin tuntuɓe ga wani. Ga abin da muke shawarta.

1. Abincin da za a sayar, ko za a kai wa maƙwabta, ko za a ci a taron da ya haɗa kowa da kowa, a yi shi da naman saniya ko na rago wanda mahaucin unguwa ya yanka. Tozo, ƙirjin saniya da haƙarƙarin rago duk suna da tsoka da kitse a haɗe. Ana shafe su da gishiri a kyafe daidai yadda muka bayyana a sama, daɗinsu kuma ba ya kasawa.

2. Faranti, wuƙa, katako da tanderun da suka taɓa alade, kada a yi abincin sayarwa da su. Ƙungiya ta ware kaya dabam, ta sa musu alama da fenti a waje.

3. Kada a kai naman alade tanderun mai burodin unguwa a ɓoye. Wannan cin amana ne, yana kuma iya kashe masa kasuwa.

4. A gidan haya inda ake zaman tsakar gida ɗaya, ƙamshin gashi ba ya tsayawa a ƙofar mai shi. A yi tunanin wannan kafin a hura wuta.

5. In an tambaye ku wane nama ne, ku faɗi gaskiya.

Ƙungiyar da aka san ta da riƙon amana a kan wannan, za ta sami masu saye a kowane gefe na kogi. Zaman lafiya ya fi zama ɗan sarki.

TANDERU IRI UKU

Ba lalle sai an mallaki obin na gas ko na lantarki ba. Wanda yake da shi ya sa a digiri 200. Sauranmu ga abin da za mu iya yi.

Tukunya da yashi. Wannan ita ce dabarar da matanmu suke gasa kek da ita. A sami babbar tukunyar ƙarfe mai murfi, a zuba busasshen yashi mai tsabta kaurin yatsa uku, a jera gwangwani uku marasa fenti ko busassun duwatsu a kai don ɗora faranti. Kada a sa jiƙaƙƙen dutse daga kogi, gama yana iya fashewa. A rufe, a ɗora a wuta minti 20 kafin a sa abinci. A zuba garwashi a kan murfin, domin zafi ya zo daga sama da ƙasa.

Duro. A kwantar da duro a kan duwatsu ko bulo, a yanke baki ɗaya a yi ƙofa, a sa waya a tsakiya, a lulluɓe bayansa da laka kaurin tafin hannu, a bar wurin wuta a ƙarƙashi. Lakar tana riƙe zafi, tana kuma rage cin itace. Duron da ya taɓa ɗaukar maganin ƙwari, ko maganin ciyawa, ko man inji, bai dace ba ko an wanke shi.

Tanderun laka irin na burodi. Ana hura wuta a ciki, a kwashe garwashin, a gasa da zafin da bango ya riƙe. Bayan an fid da burodi, sauran zafin ya isa ya gasa dankali. A ƙauyukan Faransa, a dā mata sukan kai farantin dankali da albasa wurin mai burodi ya sa musu bayan ya gama aikinsa, har abincin ya sami suna daga nan. Ƙungiyar da take da tanderun burodi tana zubar da wannan zafi a banza kullum.

Ga yadda za a gwada zafi in babu ma'auni. A barbaɗa ɗan garin fulawa a faranti a sa a ciki. In ya yi baƙi nan da nan, zafin ya yi yawa, a buɗe ƙofa ya huce kaɗan. In bayan minti 5 ya yi launin ƙuli-ƙuli, daidai ne. In yana nan fari, a ƙara wuta.

Kada a yi gashi da gawayi a cikin ɗaki a rufe. Iskar gawayi ba ta da wari, amma tana kisa.

KAYAN HAƊI DON MUTUM 6

Dankali kilo 2.
Kyafaffen nama mai kitse rabin kilo, ko ƙasa da haka kaɗan.
Albasa manya 3.
Tattasai 2 da attarugu yadda ake so.
Tafarnuwa da masoro kaɗan.

Ba mu sa gishiri da mai a wannan jeri ba, da gangan.

YADDA AKE YI

1. A wanke dankali sosai. Ƙanana a bar su da ɓawonsu, a raba biyu. Manya a yanka kamar girman goro. A yi ƙoƙari su zama kusan girma ɗaya, domin su nuna tare.

2. A zuba cikin tafasasshen ruwa minti 7. Ba dafawa za a yi ba, bayansa kawai ake so ya yi laushi. A tsiyaye a kwando, a bar tururin ya fita har ya bushe.

3. A yanka naman ƙanana-ƙanana kamar kan yatsa. A baza a faranti mai ɗan zurfi, tare da kitsen da aka tara wajen kyafewa. A sa a tanderu minti 10, har kitse ya narke ya rufe gindin farantin.

4. A fitar, a zuba dankalin, a juya har kowane yanki ya sha mai. A baza su ɗaya-ɗaya, kada wani ya hau kan wani. In sun yi yawa, a raba faranti biyu.

5. A mayar, a rufe ƙofa minti 25. Kada a riƙa buɗewa ana leƙe, gama duk buɗewa zafi ne yake fita.

6. A fitar, a juya, a zuba albasa, tattasai, attarugu, tafarnuwa da masoro. A mayar minti 20.

7. A soki dankali mafi girma da tsinke. In ya shige ba gardama, bayansa kuma ya yi ja-ja, ya nuna. Yanzu ne za a ɗanɗana a ga ko yana bukatar gishiri. Sau da yawa ba ya bukata.

8. A bar shi ya huta minti 5. A ci da kabeji, tumatir, ko kwaɗon zogale.

DALILIN KOWANE MATAKI

Yana da kyau mu san dalili, domin wanda ya san dalili zai iya gyara abin da ya ɓaci.

Kusan kashi 80 cikin 100 na dankali ruwa ne. Muddin bayansa a jiƙe yake, ba zai yi ja ba, sai dai ya turara. Shi ya sa muka ce a bar shi ya bushe, a kuma baza shi. In aka cusa da yawa a faranti ɗaya, tururin wannan yana jiƙa wancan, a ƙarshe a sami dafaffen dankali mai maiƙo.

Nama ɗan ƙarami yana nuna kafin ɗanyen dankali. In aka sa su tare daga farko ba a tafasa dankalin ba, naman zai ƙone dankalin yana da sauran ƙarfi. Tafasawar minti 7 ita ce take daidaita su.

Kitse kuwa a hankali yake narkewa. Minti 10 na farko su ne suke ba mu man da za mu yi aiki da shi. Kitsen saniya da na rago sun fi na alade saurin daskarewa, saboda haka abincin da aka yi da su a ci shi da zafinsa.

Albasa da tattasai suna da zaƙi da laushi. In aka sa su da wuri, za su yi baƙi su yi ɗaci.

IN ABU YA ƁACI

In ƙasa ta ƙone sama ba ta nuna ba, wutar ƙasa ta yi yawa. A janye itace, a ƙara garwashi a murfi, ko a ƙara yashi.

In dankali ya manne da faranti, ko man bai isa ba, ko an yi saurin juyawa. In bayansa ya gasu yakan saki da kansa.

In gishiri ya yi yawa, a karo na gaba a jiƙa naman a ruwa minti 30, a tsane, kafin a yanka.

In mai ya yi yawa a gindin faranti, a tsiyaye a kwano mai murfi, a yi miya da shi cikin kwana biyu.

MAGANAR LAFIYA

Dankali yana ba da ƙarfi, yana kuma da bitamin C, musamman in an gasa shi da ɓawonsa. Nama yana gina jiki. Amma wannan ba abincin kullum ba ne. Hukumar Lafiya ta Duniya ta shawarci babban mutum kada ya wuce giram 5 na gishiri a rana, watau kimanin ƙaramin cokalin shayi ɗaya. A 2015 kuma cibiyarta ta binciken ciwon daji ta bayyana cewa naman da aka sarrafa da gishiri ko hayaƙi, irin su bekon, yana ƙara hatsarin ciwon dajin hanji ga mai yawan cinsa. Don haka muke cewa dankali ya yi yawa, nama ya yi kaɗan. Masu hawan jini su ɗebi dankali da ganye, su rage nama. Kada kuma a bar abincin ya ƙone baƙi. Ja-ja ake so.

Abin da ya rage kada ya wuce awa 2 a ajiye a waje. Ko a sa a firji, ko a cinye. In za a ɗumama, a ɗumama har ya yi zafi ƙwarai ciki da waje.

ABIN DA ƘUNGIYA ZA TA IYA YI

Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Gida ɗaya ba zai hura babban tanderu don faranti ɗaya ba, amma gida goma za su iya. Ƙungiya tana iya gina tanderu ɗaya, ta sa rana ɗaya a mako, kowa ya kawo farantinsa da ɗan itace. Zumuntar Mata tana iya gasawa don bikin aure, taron ƙungiya, ko sayarwa ga ma'aikata da 'yan makaranta da tsakar rana.

Kafin a soma sayarwa, magatakarda ya buɗe littafi. A rubuta kuɗin dankali, ko da na gonar ƙungiya ne, bisa ga abin da za a saye shi a kasuwa ran nan. A rubuta kuɗin nama, gishiri, kayan yaji, itace, kuɗin mota, da ladan masu aiki. A ƙidaya kwano nawa faranti ɗaya ya bayar. A raba jimillar kuɗin da yawan kwanonin, sa'an nan a ɗora riba. Ƙungiyoyi da yawa sukan manta da itace da ladan aiki, su yi tsammani suna cin riba, alhali uwar kuɗi suke ci. A fara da faranti biyu ko uku, a ga yadda kasuwa ta karɓa, kafin a ƙara.

TAMBAYOYI DON TATTAUNAWA

1. A kakar da ta wuce, dankali nawa ƙungiyarmu ta zubar ko ta sayar a wulakance? Me ya jawo haka?

2. Don me ba za mu iya ajiye ɗanyen nama cikin gishiri kwana bakwai ba in babu firji?

3. Ta yaya wanda ba ya cin alade zai iya kamuwa da cutar da take fitowa daga tsilar alade? Gida nawa ne a cikinmu ba su da masai?

4. Su wane ne maƙwabtanmu da masu sayen kayanmu? Wane nama ya dace mu yi amfani da shi domin kowa ya ci da kwanciyar rai?

5. A cikin tanderu iri uku, wanne za mu iya yi da abin da ke hannunmu?

AIKIN WANNAN WATA

A zaɓi mutum huɗu, maza biyu mata biyu. Su shirya tukunya da yashi, su kyafe tozo ko ƙirjin saniya kilo 1, su gasa faranti biyu a gaban ƙungiya. Ɗaya su bi matakan nan daidai. Ɗayan kuwa su sa ɗanyen dankali ba tafasawa, su kuma cusa shi da yawa. Kowa ya ɗanɗana duka biyun, magatakarda ya rubuta abin da aka gani, da lokacin da kowanne ya ɗauka, da itacen da aka ƙone, ya kawo a taro na gaba.